Buɗaɗɗiyar Wasiƙa Ga Hukumar Jiragen Ƙasa: A Sayo Mana Jirgin Da Zai Tsaya A Garinmu

Zuwa ga Shugaban Hukumar Jiragen Ƙasa ta Najeriya, da Ministan Sufuri na Tarayya.

Assalamu alaikum. Ranku ya daɗe.

Bayan gaisuwa mai yawa, da fatan kuna lafiya, ku da iyalanku da ma'aikatanku. Ni makanikin janareta ne a Kano. Na haura shekara ashirin a wannan sana'a, kuma yawancin aikina a kan manyan injina ne na masana'antu da asibitoci da gidajen ƙanƙara. Asalina mutumin Malam Madori ne, garin da jirgin ƙasa ya raya. Da jiniyar jirgin Nguru a kunnena na tashi, kuma injin da ke cikin jirgin da zan yi muku magana a kansa ɗan'uwan wanda nake kwancewa ne kullum. Wannan ne ya ba ni ƙarfin halin rubuto muku, a fili, inda jama'a ma za su gani.

Kuna kan shimfiɗa mana dogo, kuma ba mu raina ba. A watan Fabrairun 2021 aka aza harsashin layin Kano zuwa Maraɗi, kilomita 284, wanda zai ratsa Dambatta da Kazaure da Daura da Mashi da Katsina da Jibiya kafin ya tsallaka Nijar, ga kuma reshensa da zai nufi Dutse. A watan Yulin shekarar aka ƙaddamar da na Kano zuwa Kaduna, kilomita 203, don ya haɗe da na Kaduna zuwa Abuja da ke aiki tun 2016. A 2023 kuma Majalisar Zartarwa ta Tarayya ta amince da kashe sama da dala miliyan 900 wajen sayen jirage da kayan aikin layin Maraɗi. Sai dai duk sanda aka zo ba da labarin wannan aiki, a rediyo ko a jarida, zancen ciko ne da gada da kwalbati da kashi nawa cikin ɗari aka kammala. Da wuya ka ji an ce ga irin jirgin da zai hau dogon. Alhali a nan gizo ke saƙar. Irin jirgin da kuka zaɓa shi zai nuna ko wannan layi na mutumin Mashi ne, ko kuwa ƙarfe ne kawai da ya raba masa gona biyu.

Jirgin da muka gada shi ne kan jirgi guda a gaba, yana jan taragai goma ko fiye a baya. Ba ni da ta cewa a kansa idan kaya za a ɗauka, ko tafiya ce mai nisa irin ta Kano zuwa Legas. Siminti da taki da hatsin Dawanau aikinsa ne, ba mai ƙwace masa. Inda yake da rauni shi ne tsayawa da tashi. Abu ne mai nauyin gaske, duk ƙarfinsa a kai yake, sauran jikin ja ake yi. In ya tsaya a tasha, kafin ya sake ɗaukar gudu an ci lokaci an sha mai. In ya kai ƙarshen layi sai an kwance kan, an zagaya da shi, an ɗaura a ɗaya gefen. Ko fasinja ɗari ne ko dubu, kan nan sai ya sha mansa. Saboda haka duk wanda aka ba aikin tsara jadawalin irin wannan jirgi, ko da yana son mutanen karkara kamar ransa, lissafi zai tilasta masa ya rage yawan tashi a rana, ya kuma tsallake ƙananan tashoshi. Ƙarshenta a gina tasha mai kyau a Kazaure, a yi mata fenti, jirgi ya riƙa tsayawa sau ɗaya a yini ko ya wuce da jiniya. Mai zuwa asibiti Kano da safe ya dawo da yamma, da ɗalibi, da 'yar kasuwa mai kwando biyu, duk sai su koma tashar motar da suka baro.

Akwai jirgin da aka ƙera musamman don wannan gurbi. Ku a ofis kuna ce masa DMU, ni kuma a wasiƙar nan zan kira shi jirgi mai kai biyu. Taragai uku ne ko huɗu a haɗe wuri guda, babu wani kan jirgi daban, ɗakin direba ɗaya a wannan ƙarshe, ɗaya a wancan. In ya isa Daura zai juyo Kano, direba ne kawai zai sauka ya taka zuwa ɗaya ɗakin. In ranar kasuwa ce ko jajiberin salla, a haɗa biyu baki da baki direba ɗaya ya tuƙa su, in cunkoso ya wuce a raba. Ba baƙonku ba ne, tunda a 2014 kun kawo irinsa guda biyu daga Sin don jigilar mutanen Legas. Abin da nake roƙo shi ne na zamani daga cikinsu, wanda injin dizal ke ba shi wutar lantarki, kuma a saye shi da niyyar ƙananan garuruwa tun daga farko.

Ku yi mini izini in yi bayanin cikinsa da harshen gareji, saboda jama'ar da za su karanta tare da ku. Babu wanda bai san janareta ba a ƙasar nan. To wannan jirgi janareta ne mai tafiya. Injin dizal ɗin da ke cikinsa, wanda mu muke ce wa injin gas, ba ya taɓa ƙafar jirgi ko kaɗan. Aikinsa ɗaya ne, ya juya dinamo, dinamo ya ba da wuta. Wutar ta bi ta wani akwati mai daidaita ƙarfinta, ta isa ga injinan lantarki da ke maƙale a jikin ƙafafun, su ne ke juya su. Babu kuloci, babu canjin giya, babu doguwar sandar ƙarfe mai kai juyi daga inji zuwa ƙafa. Duk wanda ya taɓa sauke giyar tirela cikin rana ya san irin wahalar da aka ɗauke wa makaniki a nan. Injin lantarki kuma yana da wata ɗabi'a da injin mai ba shi da ita, yana ba da ƙarfinsa tun daga tsaye, ba sai ya ɗau zuga ba. Shi ya sa jirgin ke fizga daga tasha ya kai gudunsa nan da nan, shi ya sa tsayawa a gari bakwai ko takwas ba ta ninka tsawon tafiya. Wajen tsayawa ma injinan nan ne ke riƙe ƙafa, su koma ba da wuta maimakon sha, sai takalmin birki ya daɗe bai cinye ba. Kawunan jiragen da kuke da su yanzu ma da wannan dabara suke aiki, don haka ma'aikatanku ba sabon karatu za su soma ba. An dai ƙanƙanta dabarar ne, an zuba ta cikin jirgi marar nauyi.

Wanda ya fi burge ni a cikin irin waɗannan jirage shi ne FLIRT, na kamfanin Stadler da ke ƙasar Suwizalan. A yankin Wales na Birtaniya an sayi guda 11 masu tarago hurhuɗu, suka fara aiki a watan Janairun 2023 a layin da ya tashi daga Kadif, babban birnin yankin, ya hau kwarin Rhymney, tsofaffin garuruwan masu haƙar kwal, tasha kusa da tasha. A gabashin Ingila kuma tun 2019 'yan'uwansu suka soma aiki, guda 38. Abin da ya tsaya mini a rai, a matsayina na mai taɓa inji, shi ne inda aka ajiye injinan. Ba a cusa su ƙarƙashin kujerar fasinja ba. An yi musu wani ɗan gajeren tarago nasu a tsakiyar jirgin, injina huɗu ƙirar Deutz a gefe da gefe, da siririyar hanya a tsakani da mutum zai bi ya wuce. Deutz kuwa ba baƙon suna ba ne a garejojin Kano. Da wannan tsari ƙara da zafi da girgiza sun yi nesa da mutane. In inji ɗaya ya ƙi a tsakiyar daji, sauran ukun za su kai jirgi tasha, ba za a bar mata da yara cikin rana ana jiran wani kai ya zo daga Kano ba. Mai gyara yana isa ga inji ta gefe, ba sai ya kwanta a rami ba. Kuma tunda babu inji a ƙasa, an sami damar saukar da daɓen jirgin har ya zo daidai da dakalin tasha, da wani ɗan mataki da ke zurowa ya rufe ratar da ke tsakani.

Akwai kuma maganar gobe. Tunda da wuta ƙafafun ke tafiya, ba ruwansu da inda wutar ta fito. Na gabashin Ingila suna da hannun ƙarfe a kan rufi: inda akwai wayar lantarki a sama sai su kashe dizal su sha daga waya, inda babu su tada inji. Wales ta ƙara sayen wasu 24 da aka haɗa musu har da batir. Mu a yau ba mu da wutar da za mu ba jirgi, gidajenmu ma ba ta ishe su ba, ni da nake yini cikin janareta na san haka sarai. Amma jirgi abin shekara talatin ne ko fiye. Bai kamata a sayi wanda ranar da wuta ta samu sai dai a jingine shi ba.

Kada a ce wannan zancen Turai ne. Aljeriya ta sayi guda 17 ƙirar Coradia daga kamfanin Alstom na Faransa, masu aiki da dizal da kuma waya, an ƙera su da la'akari da yashi da zafin ƙasar, suka fara ɗaukar fasinja a 2018 tsakanin babban birnin da Oran. Senegal ta sayi 15 irinsu, kuma tun Disambar 2021 suke jigila tsakanin Dakar da Diamniadio, tafiyar kilomita 36. Gana ma ta kawo masu kai biyu guda biyu daga kamfanin Pesa na ƙasar Folan don layin Tema zuwa Mpakadan.

Sai dai, ranku ya daɗe, ba cewa nake yi a je a ɗauko na Wales yadda yake a sauke mana ba. Injin da aka yi wa ƙasar damina da sanyi, in ka kawo shi nan ba ka shirya masa ba, ka zalunce shi. A lokacin hunturu, filtar iskar da littafin kamfani ya ce a canza bayan awa kaza, a hannuna ko rabin wa'adin ba ta kaiwa ta toshe. Ƙura ta liƙe a lagireto, ta haɗu da ɗan maiƙo ta zama kamar taɓo, inji ya ɗau zafi. A watan Afrilu zafi ya haura digiri 40 a inuwa, kuma akwatin nan mai daidaita wuta ba shi da maƙiyi kamar zafi da ƙura. Ga man da ake samu wani lokaci da ruwa ko datti a ciki, nozul ɗin injin zamani kuwa ba shi da haƙurin na da. Waɗannan duk suna da magani, amma a takardar kwangila ake rubuta maganin, ba bayan jirgi ya sauka a tashar ruwa ba: lagireto mai girma fiye da na Turai, filta ninki biyu, matatar da ke raba mai da ruwa, akwatin wuta a rufe ruf da sanyayawarsa. Kuma ina roƙon a kawo ɗaya ko biyu tukuna, su ci hunturu guda da bazara guda a kan dogonmu, a ga abin da ya gaza a gyara, sannan a karɓi sauran.

Cikinsa ma a tsara shi da mu a zuciya. Fasinjanmu ba mai 'yar jaka ɗaya ba ne. Zai zo da buhun gero da za a kai wa 'ya a gidan miji, da kwandon tumatir, da keken ɗinki, da dilar atamfa daga Kwari. In aka cika tarago da kujeru har bakin ƙofa, kayan nan a hanya za su zauna, kowace tasha a ɓata lokaci ana tsallake. A bar fili a kusa da ƙofofi, da kujerun da ake naɗewa, ƙofofin kuma su yi faɗi. Banɗaki ya zama mai ruwa da buta, da tankin da zai kai yamma bai ƙare ba. A ware wani ɓangare a ƙarshen jirgin don mata da yara, wadda ta ga dama ta zauna can. Tagogi su zama akwai waɗanda za a iya buɗewa, domin ranar da na'urar sanyi ta tsaya a watan azumin bazara, tarago rufaffe ba wurin zaman mutum ba ne. Tikiti kuma a sayar ta waya ga mai so, amma kada a rufe tagar da tsoho zai miƙa kuɗinsa a hannu a ba shi takarda.

Batun daɓe da dakali shi ne wanda ba ya jira, domin tashoshin yanzu ake gina su. In tsayin dakali da na ƙofar jirgi suka saɓa, gyaransa daga baya sai an fasa siminti. Ku tuna da tsohuwa mai ciwon gwiwa, da mai juna biyu, da mai keken guragu, da wanda aka riƙo za a kai asibitin Malam Aminu Kano. Waɗannan su ne suka fi kowa shan wuya a mota, su ne kuma matakala uku ta jirgi za ta hana shiga.

Yanzu bari in zo kan abin da ya fi damuna. Shekarun baya an kira ni wata masana'anta. Sun sayo janareta sabo fil, babba, mai tsadar gaske. Bai cika shekara biyu ba wani ɗan allo mai sarrafa injin, wanda bai wuce tafin hannuna ba, ya ƙone. Injin lafiyarsa ƙalau, na duba shi ciki da bai. Amma babu mai allon a ƙasar nan, kuma ko an samo shi ba zai tashi ba sai an haɗa shi da kwamfutar masu ƙirar, da wata lambar sirri da ba a ba masu sayen ba. Wata bakwai yana zaune a lulluɓe da tamfol. A cikin watannin nan aka sallami ma'aikata, wasunsu magidanta ne da na sani. Duk sanda na ji an ce an sayo sababbin jirage, wannan tamfol nake tunawa.

Jirgi mai kai biyu na zamani cike yake da irin waɗannan alluna. Saboda haka a gina garejinsa kafin ya iso, da ramin dubawa da ƙugiyar ɗaga inji da injin gyaran ƙafa, a Kano ko a Katsina, kada ya zama sai an ja shi zuwa garejinku na Ebute Metta a Legas ko an jira baƙo ya sauka daga jirgin sama. A sa a cikin kwangila cewa kayan gyara na shekaru za su zo tare da shi, kuma littattafansa da manhajar binciken cutarsa da lambobin sirrinta mallakin Hukuma ne. A tsaya kan ƙira ɗaya. Gareji mai jirage iri biyar daga ƙasashe biyar, kowanne da nasa ƙusa da nasa filta, ba ya taɓa cika sito. Masu gyaran kuma muna da inda za a horar da su. Ga Jami'ar Sufuri ta Tarayya a Daura, a bakin layin kansa. Ga Cibiyar Fasahar Sufuri ta Zariya da ke nan tun 1986. Ga kuma yaran garejojinmu na Ƙofar Ruwa da sauran wurare, waɗanda ke gane ciwon inji da kunne tun kafin a kwance shi. A ɗebi irinsu a haɗa da masu takarda, a tura su masana'antar tun ana harhaɗa jirgin, su ga yadda aka ɗaura kowane abu, ba a kira su ranar bikin ƙaddamarwa ba.

In jirgi ya samu, abin da zai sa mutane su bar mota su dawo gare shi shi ne jadawalin da ba sai an tambaya ba. A ce kowace awa, ko kowace awa biyu, a daidai minti kaza, akwai jirgi daga Kano zuwa Daura, wani kuma yana dawowa. Mutum ya haddace shi kamar lokacin salla. Na farko ya iso Kano kafin a buɗe ofis da makaranta, na ƙarshe ya tashi bayan la'asar, da sauran rana. Ranar Lahadi a ƙara tarago saboda kasuwar Dambatta. Inda layin guda ɗaya ne, wannan ba zai yiwu ba sai an yi wuraren kaucewa da yawa inda jirgi zai ba ɗan'uwansa hanya, kuma a nan ma yanzu ne lokacin yanke shawara, tun masu aikin ba su kwashe kayansu ba. Babban jirgin Maraɗi da na kaya su yi tafiyarsu, ƙaramin ya riƙa tattaro musu mutane daga ƙauyuka.

Ban manta da daren 28 ga Maris 2022 ba, lokacin da aka fasa dogo aka buɗe wa jirgin Abuja zuwa Kaduna wuta, aka kashe mutane, aka tafi da wasu da dama daji, layin ya tsaya har watan Disamba. Allah ya jiƙan waɗanda suka rasu. Layin Maraɗi zai bi ta Jibiya, kuma kowa ya san halin da wannan yanki ya shiga. Ƙaramin jirgi ba zai maye gurbin jami'an tsaro ba, kuma a farko ya kamata ya tsaya ga tafiyar rana. Amma ina so ku duba wani abu. Dogon da jirgi ke bi sau goma a yini, idon direbobi na kansa koyaushe, ba kamar wanda ake bi sau ɗaya ba. Mutumin da jirgi ke tsaya masa, wanda matarsa ke sayar da fura a tasha, ɗansa ke hawa zuwa makaranta, in ya ga ana kwance ƙusoshin dogo da dare ba zai yi shiru ba. Wanda jirgi ke wuce shi kuwa, me ya haɗa shi da ƙarfen gwamnati?

Haɗarin mararraba ma yana nan. A watan Afrilun 2024 sabon jirgin Gana, tun ana gwajinsa, ya daki wata babbar mota da aka bari a kan dogo. A watan Maris 2023 jirgi ya yi karo da bas ɗin ma'aikata a Ikeja, mutum shida suka rasu. Jirgin da nake magana a kansa ya fi wanda mutanenmu suka saba gudu, kuma bai kai shi ƙara ba. Mai amalanke da mai babur da yaro mai kiwo za su auna shi da tsohon ma'auni. Kowace mahaɗar titi da dogo tana buƙatar ƙofa da mai tsaronta, kowane burtali yana buƙatar hanya ta ƙarƙashi da shanu za su bi, kuma a fara faɗakarwa a rediyo da Hausa da Fulatanci, da masallatan Juma'a, watanni kafin jirgin farko ya taka.

Na san za a ce ina kuɗin. Gaskiya ce, jirgin ƙananan garuruwa ba ya mayar da kuɗinsa daga tikiti kaɗai, ko a ƙasashen da suka ƙera shi. A Wales gwamnatin yankin ce ke riƙe da kamfanin da ke tafiyar da shi. A Faransa gwamnatocin yankuna ne ke sayen jiragen, su kuma cike giɓin. Mu ma tun watan Maris 2023 da aka gyara tsarin mulki, harkar jirgin ƙasa ba ta Tarayya kaɗai ba ce, jihohi na da hurumi a ciki. Ku zauna da gwamnonin Kano da Jigawa da Katsina da Kaduna. Dogo da gareji da direba naku, su kuma su ɗauki wani kaso na jiragen da na man, kowa gwargwadon tashoshin da ke ƙasarsa. Tun da aka janye tallafin fetur a watan Mayun 2023, kuɗin mota ya raba mutane da zumunci, akwai wanda ya daina zuwa gaida iyayensa sai da salla. Gwamnan da ke neman inda zai sauƙaƙa wa talaka, ga wuri.

Sai tsohon layinmu. Dogo ya iso Kano a 1911, ya kai Ƙauran Namoda a 1929, Nguru a 1930, Maiduguri a 1964. Faɗinsa milimita 1,067 ne, sabon kuma 1,435, shi ya sa wasu ke ganin tsohon ya gama yayi. Amma yawancin layukan Japan, in ka cire na jiragensu masu tsananin gudu, wannan faɗin namu na da ne da su, kuma a 2019 suka sa sababbin jirage masu dizal da lantarki a yankin Niigata a kan irinsa. Jirgi marar nauyi shi ya fi dacewa da tsohon dogo da tsofaffin gadoji, bayan an bi su an gyara. Hanyar tana nan, filin na Hukuma ne, ba diyyar da za a biya kowa. Mahaifina, Allah ya jiƙansa, da jirgin nan ya yi fataucin fata da gyaɗa tsakanin Malam Madori da Kano, da shi ya ciyar da mu. Ina yaro, in jirgi ya tsaya, tashar nan kasuwa ce sukutum, masu dafaffen ƙwai da masu rake da masu ruwan randa, kowa da abin da zai koma gida da shi. Ringim da Birniwa ma haka. Garuruwan nan ba su tashi ba, mutanen sun ma ninka.

Abin da nake roƙo ku fara da shi ba ya cin ko sisi. Ku fito ku bayyana wa jama'a jerin abin da kuɗin nan na 2023 zai sayo: kawuna nawa, taragan kaya nawa, na fasinja nawa, masu kai biyu nawa, kuma a waɗanne tashoshi aka tsara za su riƙa tsayawa. In babu masu kai biyu a ciki, ko sun yi kaɗan, a gyara tun ba a makara ba. Sannan duk ɓangaren layin da aka fara kammalawa, ko da Kano zuwa Kazaure ne, a ɗora ƙaramin jirgi a kai ya soma kai da kawo, kada a jira sai dogo ya isa Maraɗi. Ranar da za a gwada shi, ku gayyaci 'yan kasuwa da direbobi da masu lalura da mu masu gyara, mu shiga mu duba mu faɗa muku abin da muka gani. Ni dai in an kira zan zo, da tsumma da fitilata.

Allah ya yi muku jagora, ya ba ku ikon sauke nauyin da ke kanku.

Wassalam.

Naku,
Wani makanikin janareta, Kano.